Sujadar Damtew

Shekara talatin da ɗaya na yi ina jan ayari tsakanin Mota da Debre Tabor. A cikinsu an buga tamburan naɗin Sarkin Sarakuna sau huɗu, kuraye sun ci mini alfadarai ɗari da sittin da uku, mutanen da suka raɓu da ayarina don tsoron 'yan fashi kuwa sun haura dubu biyu. Mutum ɗaya ne a cikinsu nake so in rubuta labarinsa tun hannuna bai fara rawa ba. Sunansa Damtew, manomi ne daga wani ƙauye gabas da Mota, tafiyar rabin yini.

Shanun huɗa biyu gare shi, gonar tef uku, wato hatsinsu mai ƙananan ƙwaya, mace ɗaya mai suna Atsede, da 'ya'ya mata uku. Gajere ne mai faɗin ƙirji, magana kuma sai ka ce saya ake yi a wurinsa. Coci ba ta ganinsa sai ranar idi. Ƙane ɗaya yake da shi a duniya, Gobeze, wanda ya raina da hannunsa tun uwarsu ta rasu, shekara goma sha biyu ce tsakaninsu. Shi ya yi masa aure, shi ya yanka masa gona.

Maƙwabcin gonar Gobeze wani ne Ayalew, tsohon sojan Sarki, ƙato mai tumbi da zaƙin baki. Shari'ar gona tara ya shiga, ya ci takwas, mai riƙe da ƙauyen kuma ɗan baffansa ne. Kwana shida bayan idin Meskel na gicciye, san Ayalew ya faɗa cikin tef ɗin Gobeze. Gobeze ya kama san ya ɗaure shi a turke har dattawa su zo su ga ɓarna, kamar yadda kowa yake yi. Dattawa ba su riga Ayalew isowa ba. Ya zo da mashi ya soki Gobeze, a gaban mata huɗu masu cirar ciyawa. Gobeze bai kai tsakar rana ba, ya bar mace da 'ya'ya biyar.

Duk ƙauyen sun ɗauka Damtew zai ɗauki mashi ya shiga daji. Bai yi haka ba. Daga baya ya faɗa mini dalilinsa, na kuma ga lissafin ya fita: in ya kashe Ayalew da kansa, dangin Ayalew za su kashe shi, yara takwas su zauna babu namiji a kansu. In kuwa Sarki ne ya miƙa masa mashin, babu mai ikon bin jinin. Saboda haka ya binne ƙanensa, ya wanke hannu, ya tafi gaban alƙalin Mota.

Alƙali ya ji shaidu ya ce magana ta fi ƙarfinsa, rai na Sarki ne, babu mai yanke hukuncin kisa a ƙasar nan sai shi. Aka kira maƙeri ya ɗaura wa Ayalew sarƙa a hannun dama. Abin da aka saba, ɗayan bakin sarƙar a kan ɗaura shi ga wani mutum daban da za a sa tsaro, shi ake ce wa ƙuranya, ya raka mai laifi har fada. Damtew ya miƙa nasa hannun na hagu. Ya ce mai tsaro yana da ciki, dangin Ayalew kuma suna da zuma da shanu. Alƙali ya tuna masa abin da ke ciki: shi zai ciyar da Ayalew, in ya gudu ko ya mutu a hanya jinin yana wuyansa, sarƙar kuma ba ta fita sai da umarnin Sarki, ko kuwa in shi mai ƙara ya janye da bakinsa. Damtew ya ce wa maƙeri ya buga ƙusar da kyau.

Ranar kasuwa suka same ni a zango ina ɗaurin kayan kofi da fatu. Na ƙirga zoben sarƙar, goma sha ɗaya ne, tsawonta kamu ɗaya da rabi. Ayalew ne ya fara gaishe ni, yana dariya.

"Madugu, ga ni ga matata," in ji shi, yana jijjiga sarƙar. "Ba ta da kyau, ba ta magana, amma ta iya dafa miyar shiro. Ka ba mu wuri mai inuwa."

Damtew bai ko dube shi ba. Abu ɗaya ya roƙe ni, kada ayarin ya bi ta kusa da kowace coci. Ni Musulmi ne, amma ba sai an faɗa mini dalili ba. Duk mai jini a wuya da ya samu ya kaɗa ƙararrawar wurin ibada, ya shiga hurumi, ko sojan Sarki ba ya fitar da shi. Na lissafa a kaina, coci goma sha bakwai ce a kan hanyarmu, kewaye su zai ƙara mana yini ɗaya da rabi. Na yarda, domin na ga yadda mutumin ya ɗaga buhun kofi da hannu ɗaya, na san na samu ƙarfin mutum biyu ba da neman kowa ba.

Kwana uku muka yi lafiya. Damtew ya jiƙa gari, ya soya hatsin da suke kira ƙolo, ya raba wainarsu injera biyu daidai wa daida, Ayalew yana ci yana kushe gishirin. A karyayyar gadar kogin Abay aka zura su su biyu cikin igiya ɗaya aka ja su zuwa ƙetare, ƙirji da ƙirji, ruwa yana ruri a ƙarƙashinsu. Ayalew ya ce wa Damtew ga dama ta samu, ya saki igiyar su huta gaba ɗaya. Damtew ya rungume shi tamau kamar mai tsoron a ƙwace masa ɗa.

Zazzaɓin kwarin Abay ba ya tambayar wa ke da gaskiya. Rana ta biyar ya kama Ayalew, ta shida ba ya iya tsayuwa. Na ba shi tafarnuwa da zuma, ya amayar. Alfadari ba ya ɗaukar mutum biyu a kan wannan hawa, sarƙar kuma ba ta kai a ɗora ɗaya ɗaya ya bi a ƙasa ba. Sai Damtew ya goya shi. Bayan da ya goyi Gobeze yana yaro, shi ya goyi wanda ya kashe shi, yini biyu cur, yana tafe yana ce masa kada ya kuskura ya mutu.

Wata mata mai itace ta faɗa mana akwai marmaro mai tsarki a gindin wani tudu, yana sauke zazzaɓi. Damtew ya tambaye ta ko akwai coci kusa. Ta ce cocin tana can ƙolin tudu, gidan 'yan zuhudu ne, hawan sa'a guda. Gaskiya ta faɗa. Abin da ba ta faɗa ba, ni ma ban tambaya ba, shi ne hurumin gidan daga marmaron ya fara, ƙararrawarsu ta matafiya kuma a nan ƙasa take, fallen dutse biyu rataye da igiyar fata a reshen wani zaitun, daidai kan hanya. Na ƙirga coci goma sha bakwai, wannan ba ta cikin lissafina, domin ban taɓa ratsewa ta nan ba. Damtew yana tafe kansa a sunkuye saboda nauyi. Ayalew yana sama, da sanda a hannunsa na hagu.

Sau uku ya bugi dutsen. Ƙarar ta cika kwarin.

"Na gode, Gashe," ya ce a kunnen Damtew, kamar yadda suke kiran na gaba da su, muryarsa tana rawa da zazzaɓi. "Da ƙafata da ban iso ba. Ko na iso ma, hannuna ba zai kai ba."

Damtew ya sauke shi a hankali, ya zaunar da shi a gindin itacen, ya ɗebo ruwan marmaron ya ba shi.

Shugaban gidan, wani tsoho Abba Kinfe, ya sauko da mutum shida. Ya saurari kowa, ya ce wanda ya kaɗa ƙararrawa ba a fitar da shi da ƙarfi, ba a dukansa, ba a hana shi abinci muddin yana cikin hurumi. Sarƙar kuwa da sunan Sarki aka ɗaura ta, shi ba zai sa mata guduma ba sai mai ƙara ya yarda. Ya juya wajen Damtew ya ce masa, ɗana, maƙeri yana ƙauyen nan na ƙasa, ka ce a kira shi, ka koma ga gonarka. Ni ma abin da na ce ke nan. Na tuna masa tef ya kusa yanka, yara takwas suna jira, zancen ya riga ya lalace, mai hankali ba ya zama kan fasasshen tulu. Ayalew kuma ya buɗe shirinsa ba kunya. Ya ce ya ci injerar sarakuna uku, biyu suna ƙarƙashin ƙasa, wannan ma ba dutse ba ne. Ranar da aka naɗa sabo za a buɗe sarƙoƙi kamar yadda aka saba, shi kuwa ba ya sauri.

"Kama hanyarka, Madugu," in ji Damtew. "Ni ma ba na sauri."

Na kama hanyata, rabin yini na riga na yi asara. Bayan kwana ashirin da huɗu, a dawowa, na bar ayarin a zango na hau tudun don in ga yadda aka ƙare. Tun daga nesa na hangi mutum biyu a ƙofar coci suna duƙawa suna tashi kamar masu daka a turmi ɗaya.

Damtew ya kama ibada. Ya je wa Abba Kinfe ya ce yana so ya yi wa ran ƙanensa sujada, aka ce masa madalla. To sujadarsu kun san ta, mutum ya miƙe tsaye, ya zube hannu biyu da goshi a ƙasa, ya sake miƙewa. Da sarƙa kamu ɗaya da rabi, in hannun hagun Damtew ya taɓa ƙasa, dole hannun daman Ayalew ya bi shi, in ya miƙe dole ya miƙe. A kowace zubewa Damtew yana cewa, Ubangiji ka ji ƙan Gobeze. Na zauna a kan dutse na ƙirga, ɗari huɗu da goma sha biyu kafin ya tsaya shan ruwa. Ayalew ya warke daga zazzaɓi, amma gwiwoyinsa duk sun sale.

"Madugu, ku sau nawa kuke dungura goshi a rana?" ya tambaye ni yana haki. "In addininku ya fi sauƙi ka faɗa mini, yau ina kasuwa."

Ya kai ƙara wurin Abba Kinfe har sau biyar. Tsohon ya ce ba a duke shi ba, ba a zage shi ba, shi kuma ba zai iya hana Kirista sujada a ƙofar coci ba. Ayalew ya gwada zama daɓas ya ƙi motsi. Damtew ya ci gaba da abinsa, yana fizgar hannun ƙaton sama da ƙasa har wuyan hannun ya tsage, Ayalew ya ga bin sa ya fi sauƙi.

Wata goma sha shida suka yi a kan tudun nan. Na wuce ta hanyar sau goma sha uku, na hau sau bakwai, kowane hawa na tarar Damtew ya ƙaro wani abu. Ya ji labarin tsofaffin waliyyai da suke tsayuwa cikin ruwan sanyi suna addu'a, sai ya fara sauka rafi da hantsi, ruwa iya ƙugu, har a tsakiyar damina. Duk wata doguwar tsayuwar coci da 'yan zuhudu da kansu suke jingina da sanda, shi ba ya jingina, ba ya fita sai an rufe ƙofa. Dangin Ayalew suna kawo masa nama da tulun taj, giyarsu ta zuma. Damtew bai taɓa hana shi ci ba. Sai dai hannun cin abinci shi ne ke cikin sarƙa, da zarar loma ta kusa baki sai ran Gobeze ya faɗo wa Damtew, ya zube ƙasa. Tsohon sojan Sarki ya koma ci da hagu a ɓoye cikin mayafi kamar ɓarawo. Shi Damtew tafin hannu ɗaya na jiƙaƙƙen wake yake ci bayan la'asar.

Labari ya bazu cewa waliyyi ya bayyana a tudun. Mata suka fara kawo jarirai ya shafa musu kai, wata rana na ƙirga su goma sha tara a layi. Abba Kinfe bai ruɗu ba. Ya yi wa Damtew wa'azin yafiya har muryarsa ta dushe, Damtew ya saurara da ladabi, ya sumbaci gicciyen hannunsa, ya koma sujada. Tsohon ya ce mini ya san abin da ke cikin wannan ibada sarai, ya kuma bincika littattafansu fata bayan fata, bai sami layin da ya hana ta ba.

Ni ma na tambaye shi. Ba a keɓewa da Damtew, Ayalew yana nan zaune a gefensa yana jin komai. Na ce masa, tsakaninka da Allah, me kake roƙo a duk wannan faɗuwa da tashi?

"Abu ɗaya," ya ce. "Kada Ya kashe shi."

A hawana na biyar na tarar da Atsede ta zo, tafiyar kwana bakwai a ƙasa. Ta faɗa masa sa ɗaya ya mutu, gona biyu sun zama saura, yara bakwai suna ci daga rumbu ɗaya, ƙaramar 'yarsu kuma an binne ta da damina ba ya nan. Ta ce Gobeze ya mutu sau ɗaya, su kullum suke mutuwa. Damtew ya ce ta ba wani gonar ya noma a raba, ta kai yara biyu wurin 'yar'uwarta. Ta tofa yawu a gabansa ta juya. Ran nan ban iya ƙirga sujadar ba, na kai ɗari bakwai na tashi saboda alfadaraina.

Ana nan sai labari ya zo Sarki ba shi da lafiya. Ayalew ya farfaɗo, ya sa aka yi masa aski, ya koma kiran Damtew matata. Kwana arba'in bayan haka wani labarin ya biyo baya: Sarki ya tashi, ya hau doki, ya ci yaƙi. Na hau tudun saura kwana biyu a kama babban azumi na kwana hamsin da biyar. A gabana Damtew ya shaida wa Abba Kinfe ya yi alwashin sujada dubu kowace rana har azumin ya fita.

Ayalew yana zaune, tumbin nan babu shi, fatar wuya ta zubo, gemun ya yi fari fat. Ya dubi gwiwoyinsa, ya dubi rafi, ya dube ni.

"Madugu, ina Sarki yake yanzu?"

Na ce da na baro shi yana Debre Tabor.

"Tashi, Gashe," ya ce wa Damtew. "Mashi sau ɗaya ne."

Abba Kinfe ya raka su har gindin zaitun. Sau uku ya tambayi Ayalew a gaban shaidu ko da son ransa yake fita, sau uku ya ce i. Da ƙafarsa ya tsallake hurumin, shi ne ma a gaba.

Muka isa Debre Tabor muka tarar garin ya tashi, sai toka da ramukan turaku da karnuka. Sarki ya yi gaba da mutanensa. Kwana huɗu muka bi sawun, ba wuya, ko kara ɗaya ba su bari a gonakin hanya ba. Daga kan wani tudu na fara ƙirga tantuna, na kai dubu uku na haƙura, jan tantin Sarki yana tsakiya. Ni dai kofina ya samu kasuwa. Su kuwa suka shiga cikin masu ƙara a bakin shinge, kowace safiya suna kiran abet, abet, kukansu na neman shari'a, har safiya ta tara aka shigar da su.

Na bi su a matsayin shaida. Sarki yana bayan labule, ban gan shi ba, bafaden da ake kira Bakin Sarki ne yake tambaya, yana shiga yana fitowa. Mutumin da ya ci shari'a takwas bai yi gardama ko ɗaya ba. Aka tambaye shi, ya ce shi ne, da mashi, a kan sa. Limaman coci suka buɗe littafin shari'a suka karanta, Bakin Sarki ya shiga ya fito ya ce an ba dangin mamaci jininsu.

Dangin Ayalew mutum goma sha ɗaya suka biyo mu, kowa ya ɗora dutse a wuyansa, suka zube gaban Damtew suna roƙon ya karɓi diyya. Limamai biyu suka sa baki, har wani babban hafsa da ya san Ayalew a yaƙi ya ce zai ƙara alfadari daga nasa. Ni kaina na matsa kusa na ce masa ya duba, wannan dukiya za ta tsayar da gida biyu. Ko kallona bai yi ba.

"Ku sauke duwatsun nan, kuna ɓata wuyanku," in ji Ayalew. "Ni na san shi, ku ba ku san shi ba."

Aka kai su bayan sansani, wurin kasuwar dabbobi. Maƙerin fada ya cire ƙusar, bugu shida. Aka miƙa wa Damtew mashi. Na juya baya, wannan kam ban ƙirga ba. Da aka gama, mai shela ya buga tambari ya ce jini ya biya jini da umarnin Sarki, duk wanda ya sake tayar da shi maƙiyin Sarki ne.

Damtew ya koma ƙauyensu a cikin ayarina, yana ɗaga kaya kamar da, sai dai hannun hagun ba ya miƙewa sosai. Atsede ta yi shekara ba ta yi masa magana ba, daga baya ta sauko. Ya haɗa garma da sa ɗaya da jakin aro, cikin shekara huɗu ya mai da gonakin duka, ya aurar da yara bakwai ɗaya bayan ɗaya, na ci tuwon biki uku a ciki. Dangin Ayalew suna iyaka da shi har ya tsufa, ba su gaisawa, ba kuma wanda ya taɓa ɗaga wa wani yatsa. Mata daga nesa ba su daina kawo masa jarirai ba, yana korarsu suna dawowa.

Ganina da shi na ƙarshe a kasuwar Mota ne, shekara goma sha tara bayan wancan, ya kawo kaji biyu. Muka zauna a inuwa, na sa aka kawo masa giyarsu da ake kira talla, ni na sha kofi. Na tambaye shi ko zuciyarsa ta yi sanyi tun daga ranar. Ya juya ƙwaryar a hannunsa, ya daɗe yana kallon cikinta.

"Na yi kuskure, Madugu," ya ce. "Da ban faɗi zancen dubun nan ba. Da na bar shi a ɗari biyar, da ya ƙara mini shekara biyu."